Buɗaɗɗiyar Wasiƙa ga 'Yan Majalisun Dokokin Ƙasashen da ke Shirin Gina Tashar Nukiliya ta Farko

Masu girma 'yan majalisa,

Muna gaishe ku da girmamawa, tare da fatan Allah ya taya ku riƙon amanar da jama'a suka ɗora muku. Mu da muka rubuto wannan wasiƙa injiniyoyi ne, da malaman kimiyyar nukiliya, da jami'an da aikinsu shi ne kare ma'aikata da jama'a daga radiyeshan. Muna magana da yawun abokan sana'armu, da kuma yawun mutanen da za su kwana su tashi a gefen tashoshin da ake shirin ginawa, waɗanda ba a gayyatarsu zauren da ake sa hannu kan yarjejeniya.

Ba ma adawa da wutar nukiliya, muna so a san wannan tun daga farko. Tukwanen nukiliya, wato na'urorin da ake tsaga ƙwayoyin zarra a cikinsu don samar da zafin da ake mayarwa lantarki, fiye da 400 ne ke aiki yau a ƙasashe kusan 30, suna ba duniya kusan kashi ɗaya cikin goma na lantarkinta, dare da rana, babu hayaƙin kwal babu na gas. Ƙasar da ke fama da ƙarancin wuta tana da hujjar duba wannan hanya. Bangaladesh ta fara gini a Rooppur a 2017, Turkiyya a Akkuyu a 2018, Masar a El Dabaa a 2022. A taron sauyin yanayi na Dubai a Disambar 2023 kuma, ƙasashe fiye da 20 suka yi alkawarin ninka ƙarfin nukiliyar duniya sau uku kafin 2050.

Abin da ya dame mu shi ne yadda ake jera aikin. Sai a fara da kamfanin da zai sayar da tukunya, a sa hannu, a sanar da yawan megawat da shekarar da za a kunna wuta, a nuna fili a taswira. Hukumar da za ta sa ido a kan duk wannan kuwa, sai a bar ta da tsohuwar dokar da aka rubuta domin na'urorin ɗaukar hoto na asibiti, da ma'aikata ƙalilan, da kasafi ɗan kaɗan. Wani lokaci ma tana ƙarƙashin ministan da ya sha alwashin gama tashar kafin wa'adinsa ya cika. Hukumar Makamashin Nukiliya ta Duniya, IAEA, shawara take bayarwa kan tsaron tashoshi, ba ta da ikon rufe tashar kowa. Doka da kasafi a hannunku suke, shi ya sa ku muka rubuto wa.

Akwai abu guda game da tukunyar nukiliya wanda duk sauran dokokin suka rataya a kansa: ana kashe ta, amma zafinta ba ya mutuwa nan take. Tashar da ke ba da megawat 1,000 na lantarki tana haifar da zafi kimanin megawat 3,000 a cikin tukunya. Idan matsala ta taso, sandunan birki suna shiga tsakanin sandunan yuraniyom cikin 'yan daƙiƙoƙi, tsagewar ƙwayoyin zarra ta tsaya. Amma ɓurɓushin da tsagewar ta riga ta tara a cikin makamashin yana ci gaba da fitar da zafi, kuma babu makunnin da ke kashe shi. A daidai lokacin da aka tsayar da tukunya, wannan ragowar zafi yana kai kashi 6 zuwa 7 cikin 100, wato kusan megawat 200. Bayan awa ɗaya yana wajen kashi 1.5, bayan yini guda kusan rabin kashi ɗaya. Adadin kamar kaɗan ne, amma zafin bayan awa ɗaya ya isa ya ƙafar da ruwa kimanin tan 70 a kowace awa, na bayan yini kuma kimanin tan 20.

Idan ruwa ya daina zagayawa, wanda ke cikin tukunya zai tafasa ya ƙafe, kawunan sandunan su fito fili. Bututun da ake zuba yuraniyom a ciki da ƙarfen zirkoniyom ake yin sa, kuma da zarar ya haura digiri 1,200 sai ya shiga haɗuwa da tururi gadan-gadan, ya ƙwace oksijin, ya saki haidurojin, ya ƙara zafi a kan zafi. Daga nan sai narkewa, sai kuma tarin haidurojin da tartsatsi kawai yake jira. Saboda haka tsaron tasha yana komawa ga abu uku: a iya tsayar da tsagewar, a iya ci gaba da sanyaya makamashi kwanaki da makonni, a kuma riƙe duk abin da ya tsere a cikin ginin kariya. Sanyayawa na bukatar famfuna, famfuna na bukatar wuta. Kamfanin da ke riƙe da lasisi shi ne da alhakin farko, amma dole a sami wanda ba ya cin ribar wutar, da zai riƙa tabbatarwa tsawon shekara 60 cewa kowane famfo zai tashi ranar da aka neme shi.

Ƙorafinmu na farko, kuma mafi girma, shi ne 'yancin hukumar sa ido. Ranar 11 ga Maris 2011 girgizar ƙasa mai maki 9 ta afka wa arewa maso gabashin Japan. Tukwane 3 da ke aiki a Fukushima Daiichi suka kashe kansu yadda aka tsara, layukan wuta na waje suka katse, janaretocin dizal suka tashi. Ƙasa da awa ɗaya bayan haka, igiyar tsunami mai tsayin mita 14 zuwa 15 ta haura tashar da aka shirya wa mita 5.7. Yawancin janaretoci da akwatunan rarraba wuta suna ɗakunan ƙarƙashin ƙasa, ruwan teku ya cika su. A tukunya ta 1 da ta 2 har batura ruwan ya cinye, ma'aikata suka zauna cikin duhu ba sa ganin ma'aunin ruwa balle na matsi. Makamashin tukwane 3 ya narke, haidurojin ya tarwatsa saman gine-gine 3, mutane fiye da 150,000 suka bar gidajensu. Janareta guda na tukunya ta 6, mai sanyaya kansa da iska, wanda ruwan bai kai gare shi ba, shi ya ceci ta 5 da ta 6.

Ba rashin sani ne ya jawo wannan ba. A 2008 lissafin cikin gida na kamfanin TEPCO, mai tashar, ya nuna igiya mai mita 15.7 tana iya zuwa, aka jingine maganar da sunan ƙarin nazari. Hukumar sa ido ta lokacin, NISA, tana ƙarƙashin ma'aikatar tattalin arziki da ciniki da masana'antu, wato ma'aikatar da aka ɗora wa haɓaka nukiliya, kuma ba ta tilasta gyara ba. Kwamitin binciken da majalisar dokokin Japan ta kafa ya bayyana a 2012 cewa bala'in da hannun ɗan Adam a ciki, kuma masu sa ido sun koma 'yan amshin shatan kamfanonin da suke sa wa ido. A Satumbar shekarar aka rushe NISA, aka kafa sabuwar hukuma nesa da waccan ma'aikata. Amurka ta yi irin wannan rabuwa tun da dokar 1974, wadda ta raba tsohuwar hukumar makamashin zarra gida biyu, aka sami hukumar NRC a 1975. Sashe na 8 na Yarjejeniyar Tsaron Nukiliya ta 1994 ma abin da ya wajabta ke nan: a raba mai sa ido da mai tallata nukiliya, a ba shi iko da kuɗi da ma'aikata.

Raba ofis kaɗai kuma bai isa ba. A ƙarshen 2007 an tsayar da tukunyar Chalk River a Kanada, wadda ke samar da kaso mai yawa na sinadaran gwaje-gwajen asibiti na duniya, saboda ba a haɗa famfunanta 2 da wutar gaggawa mai jure girgizar ƙasa ba. Asibitoci suka shiga ƙunci, majalisa ta yi dokar gaggawa ta ba da damar kunnawa, sannan a Janairun 2008 gwamnati ta sauke shugabar hukumar sa ido daga kujerarta. Damuwar asibitocin ta gaskiya ce, ba mu raina ta ba. Amma ku auna halin sufeton da zai ce a tsayar da tashar da ƙasa ta dogara da ita, masana'antu na kuka, zaɓe na ƙaratowa. Idan doka ba ta kare kujerarsa ba, shiru zai yi, kuma ba za ku taɓa sanin ya yi shiru ba.

Na biyu shi ne ƙwarewa. Kamfanin da ya ƙera tukunya zai kawo rahoton tsaro mai dubban shafuka, ya ce hukumar ƙasarsu ta riga ta amince da ƙirar. Wannan amincewa tana taimakawa, sai dai ba ta san ƙasar filinku ba, ba ta san tarihin girgizar ƙasa da ambaliyar wurin ba, ba ta san zafin ruwan da za a sanyaya tashar da shi ko ƙarfin layin wutarku ba. Dole hukumarku ta mallaki mutanen da za su sake lissafin da kansu: masana halin ƙarfe da walda, masana zafi da gudun ruwa, masana duwatsu, injiniyoyin lantarki da na kwamfutocin sarrafawa. Irin waɗannan ba a samar da su cikin shekara biyu, kuma idan albashinsu bai kai na kamfani ba, kamfanin ne zai kwashe su bayan an gama kashe kuɗin horar da su. IAEA tana ƙiyasta shekara 10 zuwa 15 daga ranar da ƙasa ta fara duba batun zuwa ranar da tashar farko za ta fara aiki, tare da fannoni 19 da sai an shirya su. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Ga irin abin da sufeto yake nema. A tashar Davis-Besse ta jihar Ohio a Amurka, ruwan tukunya yana ɗauke da sinadarin boron, kamar sauran tukwane masu aiki da ruwa a matse. Wata 'yar tsaga a ɗaya daga cikin bututun da ke ratsa murfin tukunya ta riƙa tsiyayar da ruwan shekara da shekaru. Ruwan ya ƙafe ya bar asid, asid ya shiga cin ƙarfe. Alamu ba su ɓuya ba: gishirin boron mai launin tsatsa ya taru a kan murfin, matatun iska na cikin ginin kariya suna ta toshewa da tsatsa ana ta canza su. Ba wanda ya bi sawun abin har tushe. A ƙarshen 2001 hukumar sa ido ta so a tsayar da tashar a duba, sannan ta yarda aka ɗaga zuwa tsakiyar Fabrairu. Da aka buɗe a Maris 2002, sai ga rami ya ratsa ƙarfe mai kaurin santimita 15. Abin da ya rage yana riƙe da ruwa mai matsi ninki 150 na iskar da muke shaƙa shi ne shafen ƙarfe mara tsatsa wanda bai kai santimita 1 ba, har ya fara kumbura. Wannan fa a ƙasar da ke ajiye sufetoci aƙalla 2 a kowace tasha.

Takarda ma ba abin dogaro ba ce sai an bi ta. A Koriya ta Kudu, tsakanin 2012 da 2013, an gano takardun shaidar ingancin kayayyaki na jabu, har da sakamakon gwajin wayoyin sarrafa na'urorin tsaro, aka tsayar da tukwane watanni ana sauya su. A Faransa, a 2015 hukumar sa ido ta bayyana cewa kabon ya yi yawa a wasu sassan murfi da gindin tukunyar Flamanville, abin da ke rage wa ƙarfe juriyar tsagewa, kuma binciken da ya biyo baya ya tono kurakurai na shekaru da yawa a bayanan maƙerar Le Creusot. Ƙasar da za ta sayo tukunya daga waje tana bukatar sufetocin da doka da kwangila suka ba su damar shiga maƙerar can, su tsaya a kan gwaji, su ga sakamako da idonsu.

Wani abin da ke kashe mutane shi ne darasin da bai isa kunnen mai aiki ba. A tashar Three Mile Island ta Amurka, ranar 28 ga Maris 1979, wani bawul mai rage matsi ya buɗe ya ƙi rufuwa. Fitilar ɗakin sarrafawa tana nuna an aika masa umarnin rufewa ne kawai, ba ta nuna ko ya rufe ɗin. Ma'aikata suka ɗauka ruwa ya yi yawa, suka rage famfunan gaggawa, ruwa na ta zuba fiye da awa 2, kusan rabin makamashin ya narke. Ginin kariya ne ya tsare jama'a. To, irin wannan bawul ya taɓa maƙalewa haka a wata tashar a 1977, amma gargaɗin bai kai ga waɗannan ma'aikata ba. Haka ma tashar Chernobil ta Yukren: an lura tun 1983 a tashar Ignalina ta Lituwaniya, mai ƙira iri ɗaya da ita, cewa sandunan birkin wannan ƙira suna ƙara wuta na ɗan lokaci kafin su rage ta, ba a gyara ba sai bayan fashewar Chernobil a 1986. Doka ce za ta wajabta kai rahoton kowace tangarɗa, ta kuma kare ma'aikacin da ya tona rufa-rufa.

Akwai misalin da ya kamata ku duba. Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa ta kafa hukumar sa idonta a 2009, shekara 3 kafin a ba da lasisin gina tasharta ta Barakah a 2012. An so kunna tukunya ta farko a 2017, amma lasisin aiki bai fito ba sai Fabrairun 2020, kuma cikin dalilan har da rashin kammala horar da ma'aikatan ɗakin sarrafawa. Jinkirin ya ci kuɗi, amma an jira.

Na uku, babban layin wutar ƙasa. Jama'a na ɗauka tasha tana ba layi wuta ne kawai, alhali ita ma da shi ta dogara. Ka'idar da aka saba bi ita ce kada tukunya ɗaya ta wuce kimanin kashi 10 cikin 100 na ƙarfin layin. Tukunya mai megawat 1,200 ke nan tana bukatar layi mai ɗaukar wajen 12,000 a aikace, ba adadin da ke rubuce a rahoto ba. Idan babbar tukunya ta faɗi farat ɗaya a kan ƙaramin layi, tana iya durƙusar da shi gaba ɗaya, sai tashar ta rasa wutar waje a daidai lokacin da ragowar zafinta ya fi yawa. Daga nan komai ya koma kan dizal, dizal kuwa yakan ba da kunya. A Forsmark ta Suwidin, ranar 25 ga Yuli 2006, wuta ta haɗu a filin rarraba lantarki, janaretoci 2 cikin 4 suka kasa haɗuwa, sai bayan kimanin minti 20 ma'aikata suka haɗa su da hannu. Matsalar iri ɗaya ce a duka huɗun, tana iya kwantar da su baki ɗaya. Tashar Zaporizhzhia ta Yukren, tun da sojojin Rasha suka kama ta a Maris 2022, ta rasa dukkan wutar waje sau da dama, ta rayu da dizal.

Don haka lasisi ya ƙunshi layuka aƙalla 2 da ba su bi hanya ɗaya ba, janaretocin da ke tashi cikin daƙiƙoƙi kuma ake gwada su duk wata, man da zai kai kwana 7 a cikin harabar tasha, da famfuna da janaretocin tafi-da-gidanka da aka ajiye a tudu, tare da bakin haɗi da aka riga aka gwada ya dace da su. Haka ruwan sanyaya: Faransa takan rage ƙarfin tashoshinta na kogin Rhône da Garonne idan zafi ya tsananta, saboda haka a yi lissafi da yanayin shekara 60 masu zuwa.

Na huɗu, shirin ko-ta-kwana, wanda sau da yawa takarda ce a cikin durowa. Tukunya ta 4 ta Chernobil ta fashe da tsakar daren 26 ga Afrilu 1986. Garin Pripyat mai mutum kusan 49,000, kilomita 3 daga tashar, ba a kwashe shi ba sai bayan awa 36. Duniya ba ta sani ba sai ranar 28, da na'urorin Suwidin suka yi ƙara. Cikin abin da ya tashi sama akwai aidin 131, wanda ke rasa rabin ƙarfinsa cikin kwana 8. Ya sauka a kan ciyawa, shanu suka ci, yara suka sha madarar, ya taru a tayiroid, 'yar ƙwayar nan ta gaban wuya wadda kumburinta ke kawo maƙoƙo. Zuwa 2005 an sami cutar dajin tayiroid fiye da 6,000 a cikin waɗanda suke yara da matasa lokacin hatsarin. Hana sayar da madarar yankin na 'yan makonni da raba ƙwayar aidin a kan lokaci da sun rage wannan ƙwarai. Ƙwayar tana aiki ne idan an sha ta kafin iskar ta iso ko cikin 'yan sa'o'i bayan haka, kuma tayiroid kaɗai take karewa. Wadda ke kulle a sito mai nisan kilomita 200 ba ta da amfani.

Kwashe mutane ma yana da nasa hatsarin. A Fukushima tsofaffi da majinyata da dama sun rasu a cikin motoci da wuraren da aka sauke su, saboda an ɗauke su ba likita, ba a kuma san inda za a kai su ba. IAEA tana ba da shawarar yankin ɗaukar mataki nan take mai kilomita 3 zuwa 5 kewaye da babbar tasha, da wani mai kilomita 15 zuwa 30. Shiri na gaskiya yana ƙidaya mutanen da ke ciki, da motoci, da hanyoyin fita lokacin ruwan sama, da gadajen asibiti. Yana faɗin wa zai ba da umarni da ƙarfe biyun dare ba tare da jiran babban birni ba, da harshen da za a yi wa mutane magana da shi.

Na biyar, batun shara da diyya, za mu taƙaita. Tukunya mai megawat 1,000 tana fitar da tan 20 zuwa 25 na makamashin da ya gama aiki a shekara. Yana zama cikin tafkin ruwa shekaru, galibi 5 ko fiye, kafin a mayar da shi manyan tukwanen ƙarfe da kankare. Siziyom 137 da ke ciki yana rasa rabin ƙarfinsa cikin shekara 30, fulutoniyom 239 kuwa cikin kimanin 24,000. Finlan ce ta fi kowa nisa wajen haƙa ma'ajiyar dindindin, a Onkalo, fiye da mita 400 cikin dutse. Idan ba a fara tara kuɗin shara da na rushe tasha daga kilowat na farko ba, jikoki ne za su biya. Haka batun diyya: yarjejeniyoyin Paris ta 1960 da Viyana ta 1963 suna ɗora ta a kan mai lasisi, ko an tabbatar da sakaci ko ba a tabbatar ba. A 2016 gwamnatin Japan ta ƙiyasta kuɗin Fukushima a yen tiriliyan 21.5.

Za a zo muku da maganar ƙananan tukwane na zamani, a ce ba sa bukatar duk wannan. Ƙanƙantarsu tana sauƙaƙa matsalar layi, kuma wasu ƙirar suna sanyaya kansu ba famfo. Amma kaɗan ne daga cikinsu suka taɓa aiki a duniya, kuma sabuwar ƙira ta fi tsohuwa bukatar gogaggen mai duba ta.

Kuna da hanyar auna hukumarku tun yau. A Goiânia ta Birazil a 1987, an tsinci na'urar gasa cutar daji da radiyeshan a wani asibitin da aka yi watsi da shi, aka fasa, garin siziyom ya bazu hannu zuwa hannu. Mutum 4 suka mutu, kusan 250 suka gurɓata, aka gwada fiye da 100,000. Ku tambayi hukumarku cikakken jerin irin waɗannan sinadarai da ke asibitoci da masana'antu da rijiyoyin mai, da ranar da aka duba kowanne. Wadda ta kasa kawo wannan jeri ba ta shirya wa tukunya ba.

Ga abin da muke roƙo. Ku yi sabuwar dokar nukiliya kafin a sa hannu kan kwangilar gini. Dokar ta cire hukumar sa ido daga ƙarƙashin ma'aikatar makamashi, ta sa ta riƙa kai rahoto gare ku. A naɗa shugabanninta bisa ƙwarewa, da wa'adi tabbatacce, kada a iya cire su sai da laifin da doka ta ambata, kuma a sa tazarar shekaru kafin ɗayansu ya karɓi aiki a kamfanin da ya sa wa ido. Kasafinta ya zama nata, ko da daga kuɗin lasisi zai fito, kada ya bi ta hannun wanda take dubawa.

Ku ba sufeto ikon shiga ko'ina a tasha, kowane lokaci, ba sanarwa, da ikon tsayar da aiki nan take. Wanda bai gamsu ba ya tafi kotu, amma aiki na tsaye har a yanke hukunci. A raba lasisi mataki-mataki: na fili, na gini, na zuba makamashi, na aiki, na rushewa. A tsakaninsu a sa wuraren da ba a wucewa sai da sa hannun hukuma, kamar kafin zuba kankaren ginin tukunya, da gwajin bututun ruwa a matsin da ya wuce na aiki, da gwajin yoyon ginin kariya, da tayar da tukunya karon farko. A sake cikakken nazarin tsaro duk shekara 10, tare da ikon tilasta gyara a tsohuwar tasha idan sabon sani ya bayyana, domin rashin wannan iko na daga cikin abin da ya ci Fukushima.

Ku amince da Yarjejeniyar Tsaron Nukiliya, da ta sanarwar gaggawa da ta neman taimako na 1986, da ta kula da shara ta 1997, da ɗaya daga cikin yarjejeniyoyin diyya. Ku gayyaci tawagogin IAEA masu duba shirin ƙasa da masu duba hukumar sa ido, ku wallafa rahotanninsu gaba ɗaya, har da shafukan da ba su yi daɗi ba. A dasa na'urorin auna radiyeshan kewaye da filin shekaru kafin makamashi ya iso, domin a san yadda wurin yake tun asali, a kuma riƙa nuna karatunsu a intanet kowa ya gani. Iyakar da aka sani ita ce milisiba 1 (ma'aunin radiyeshan da jiki ya sha) a shekara ga jama'a, 20 ga ma'aikaci, a rubuta su cikin doka.

Kada a ba da izinin zuba makamashi sai an yi cikakken atisayen gaggawa da asibitoci da jami'an tsaro da mazauna yankin, an kuma gyara abin da atisayen ya tona. Muna roƙon kwamitocinku na makamashi da lafiya da muhalli su kira zaman jin ra'ayin jama'a kan waɗannan batutuwa kafin a kawo muku kasafin tashar, kuma a shirye muke mu zo mu amsa tambayoyinku.

Mun gode da kulawarku. Allah ya yi muku jagora.

Naku cikin girmamawa,
Wasu injiniyoyi, malaman kimiyyar nukiliya da jami'an kariya daga radiyeshan